Layi ya gangaro, farashin gero bai gangaro ba: wa ke ƙarya?

Tambayar ta zo daga wata ɗiya a unguwar Nima da ke Accra, ga yadda ta rubuto:

"Assalamu alaikum Baba Malam. Ni ce sakatariyar ƙungiyar matan unguwarmu. An turo mana wani zane a WhatsApp, layi ya gangaro tun daga sama, an rubuta wai hauhawar farashi ta sauka. Na nuna wa mahaifiyata mai sayar da koko da ƙosai, ta ce ƙarya ce tsagwaronta, kuɗin olonkar gero, wato gwangwanin awo, bai ragu da ko sisi ba. Ga shi kuma ƙungiya ta ɗora mini yin irin wannan zane a kan yaran da gudawa ke kwantarwa a lungunanmu, mu kai wa hukuma. Ina tsoron in yi abin da za a ce ƙarya ne. Wa ya ƙago wannan abu, kuma yaya ake yin sa da gaskiya?"

Wa alaikumus salam, ɗiyata. Allah ya yi miki albarka, ki gaishe mini da Hajiya. Ki gaya mata abin da ta gani a kasuwa gaskiya ne, kuma mai yiwuwa lambobin da ke jikin zanen su ma gaskiya ne. Inda aka samu tangarɗa shi ne ba a faɗa mata abin da layin yake aunawa ba. Hauhawar farashi ba ita ce farashin ba, saurin tashinsa ce. Motar da ta taso daga Nima za ta unguwar Madina, in direba ya rage gudu, ba baya ta koma ba, tana ci gaba da yin nisa, sai dai a hankali. Hukumar Ƙididdiga ta Ghana ta ce a Disambar 2022 hauhawar ta kai kashi 54.1 cikin ɗari, a Disambar 2023 ta dawo 23.2. In aka zana waɗannan biyun, dole layi ya faɗo. Amma ki ɗauki alƙalami ki lissafa: cefanen sidi 100 a ƙarshen 2021 ya koma kusan 154 a ƙarshen 2022, ya kuma haura zuwa kusan 190 a ƙarshen 2023. A shekarar da layin ke gangarowa, aljihun Hajiya ya ƙara zubar da sidi 36 a kan cefane ɗaya. Da mai zanen ya ajiye layi na biyu a gefe, mai nuna farashin kansa, da Hajiya ta ga rayuwarta a ciki ta yarda da shi. Bai yi ba, ko don bai sani ba, ko don layin da ke sauka ya fi yi masa daɗi.

Na yi shekaru ina wannan aiki, kuma ni a wurina mai zana alƙaluma shaida ne da aka kira gaban jama'a. Shaida kuwa yana iya cutar da mutum ba tare da ya furta ƙarya ko ɗaya ba. Ya isa ya faɗi rabin abin da ya gani, ya haɗiye rabi.

Asalin abin bai kai tsufan da mutane ke zato ba. Taswirar ƙasa daɗaɗɗiya ce, al-Idrisi ya gama tasa a Sisiliya tun 1154, ya ma sa kudu a sama. Amma mayar da lamba ta zama tsayin sanda ko hawa da saukar layi, wani ɗan Sikotilan ne mai suna William Playfair ya fito da shi a 1786, yana nuna cinikin Ingila da sauran ƙasashe. A 1801 ya ƙaro da da'irar nan da ake yankawa kashi-kashi. Wani injiniyan Faransa, Charles Minard, a 1869 ya zana tafiyar rundunar Napoleon zuwa Rasha ta 1812, kaurin layin shi ne yawan sojoji: sun shiga su 422,000, layi kamar kogi, sun fito kusan 10,000, layi kamar zare. Ko wanda bai iya karatu ba, in ya ga kogin nan ya ƙafe, ya san an yi asarar rayuka.

Wanda ya fi kusa da aikinki shi ne likita John Snow. A ƙarshen Agustan 1854 kwalara ta ɓarke a unguwar Soho a Landan, ta kashe sama da mutum 500 cikin kwana goma. Masana na lokacin sun tafi a kan cewa gurɓatacciyar iska ce ke kawo ta. Snow ya zargi ruwa. Ya bi gida-gida yana tambayar inda mamatan ke ɗiban ruwan sha, ya ga yawancinsu daga famfon tuƙa-tuƙa ɗaya ne da ke titin Broad. Abin da nake so ki lura da shi, bai tsaya ga waɗanda suka mutu ba, ya bincika waɗanda ba su mutu ba. Akwai gidan gajiyayyu dab da famfon, mai mutum sama da 500, biyar kacal suka rasu, ashe suna da rijiyarsu. Ma'aikatan wani kamfanin giya a titin ba su kamu ba, su ma ba ruwan famfon suke sha ba. Can nesa a Hampstead kuma wata tsohuwa ta mutu, da ya bi diddigi sai ya tarar ana kai mata ruwan famfon nan a kwalba saboda tana son ɗanɗanonsa. Hukumar unguwa ta cire hannun famfon a ranar 8 ga Satumba. Taswirar da ta yi suna, mai ɗan baƙin layi a kan kowane gidan da aka yi rashi, daga baya ya zana ta domin ya gamsar da masu gardama. Kuma shi da kansa ya rubuta cewa annobar ta riga ta fara lafawa kafin a cire hannun, saboda mutane da yawa sun tsere daga unguwar. Wannan maganar tana rage wa hujjarsa armashi, amma bai ɓoye ta ba, shi ya sa nake girmama shi fiye da yadda nake girmama taswirar.

Bayansa kaɗan, a 1858, Florence Nightingale ta fitar da zanen mace-macen sojojin Ingila a yaƙin Kirimiya. Ta sa shuɗi ga waɗanda cututtukan ƙazanta suka kashe, ja ga waɗanda raunin yaƙi ya kashe. Shuɗin ya rinjayi jan nesa ba kusa ba. Ta san manyan gwamnati ba za su zauna karanta shafi ɗari na lambobi ba, sai ta ba su abin da ido zai ɗauka a kallo ɗaya.

Akwai kuma wanda kabarinsa ke nan garinmu. W.E.B. Du Bois, baƙar fatar Amurka, ya kai zane kusan 60 bajekolin duniya na Faris a 1900, shi da ɗalibansa na Jami'ar Atlanta suka yi su da hannu, da tawada da fenti. Shekara 35 ke nan da soke bauta a Amurka, turawa na ta rubuta cewa baƙar fata ba zai iya ɗaukar kansa ba. Du Bois ya amsa musu da alƙaluma: yawan gonakin da baƙaƙe suka mallaka a jihar Jojiya, yawan yaransu a makaranta, har darajar kayan ɗaki da na girki da ke gidajensu, wadda ya zana da sanduna masu naɗewa kamar gammo saboda tsayinsu ya fi takardar. A wani zanen ya jera ƙasashe bisa yawan marasa karatu, sai ga Rasha da Romaniya da Sabiya sun fi baƙaƙen Amurka yawan waɗanda ba su iya karatu ba. Ya zo Ghana a 1961 bisa gayyatar Kwame Nkrumah, ya rasu a Accra ranar 27 ga Agustan 1963 yana da shekara 95, gidansa da ke Cantonments yanzu cibiyar tunawa da shi ce. Daga Nima ba nisa, ki je wata rana. Duk lokacin da na ji ana magana a kan Zango da baki kawai, wai mu ne kaza mu ne kaza, shi nake tunawa. Mutanen da aka saba ƙirgawa daga waje sun ɗauki alƙalami sun ƙirga kansu, kuma abin da ƙungiyarku ke shirin yi ke nan.

Kada ki ɗauka abin baƙo ne a gidajenmu. Katin mai adashi, da gidajensa 31 da ake cikewa kullum, zanen alƙaluma ne: kallo ɗaya kin san wadda ta yi fashin zubi. Katin awon jarirai ma haka. Wani likita, David Morley, ya tsara irinsa a Imesi-Ile a Nijeriya, domin uwar da ba ta yi boko ba ta ga da idonta ko layin ɗanta na hawa ko ya kwanta. Ma'aunin girman yara da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2006 kuwa, daga yaran ƙasashe shida aka samo shi, har da yaran Accra. Hajiya ta karanta irin wannan layi a kanki tun kina goye. Ba zane take ƙi ba, zanen da ya saɓa wa abin da hannunta ya biya take ƙi.

To, ta ina ake ha'inci? Mafi yawa ta gindin sanda ne. A zaɓen shugaban ƙasa na 2020, Nana Akufo-Addo ya samu kashi 51.3, John Mahama ya samu kusan 47.4. In sandunan suka tashi daga sifili, kusan kai ɗaya za ki gan su, haka kuma zaɓen ya kasance. In aka yanke gindin aka fara daga 45, ɗaya na da tsayin 6.3, ɗayan 2.4, sai na farko ya ninka na biyu fiye da sau biyu da rabi. Ba a taɓa lamba ko ɗaya ba, an dai sa ido ya ga abin da bai faru ba. Na ga magoya bayan kowane ɓangare suna yin haka duk ranar da abin ya zo musu daidai. Sanda da tsayinta take magana, don haka dole ta tashi daga sifili. Layi yana iya farawa daga wani wuri in akwai dalili, amma a rubuta a fili. Haka masu zana buhu ƙarami da buhu babba don nuna cewa amfanin gona ya ninka: in aka ninka tsayin buhu da faɗinsa, girman da ido ke gani sau huɗu ne, ba biyu ba.

Wani lokaci ba mugunta ba ce, rashin sanin ƙasa ne. A Yulin 2007 aka sauya kuɗinmu, tsohon sidi 10,000 ya zama sabon sidi ɗaya, har yau ma tsofaffi na ce wa sidi 100 miliyan. Wanda ya jera farashin shekarun 2000 zuwa 2010 bai daidaita kuɗin ba, zai nuna kaya sun faɗi warwas a 2007. Ga kuma jihohinmu da suka tashi daga 10 zuwa 16 a 2019. Jihar Arewa na da mutum kusan miliyan 2.5 a ƙidayar 2010, a ta 2021 kuma miliyan 2.3. Baƙo zai zana sanda ta ragu ya ce mutane sun gudu, alhali an yanki Savannah da Arewa maso Gabas daga jikinta ne. Taswira ita ma tana da nata ruɗin. Savannah ta ninka jihar Accra fiye da sau goma a faɗin ƙasa, amma a ƙidayar 2021 mutanenta kusan 650,000 ne, Accra kuwa sama da miliyan 5.4 daga cikin miliyan 30.8 na ƙasar. In aka shafa wa kowace jiha launin jam'iyyar da ta ci, faɗin daji ne zai cika ido, ba yawan masu ƙuri'a ba.

Game da wane irin zane za ki zaɓa, an gwada abin. A 1984 masana biyu, William Cleveland da Robert McGill, sun auna yadda mutane ke karanta zane, suka ga ido ya fi ƙwarewa wajen kwatanta abubuwan da suka tashi daga layi ɗaya, ya fi yin kuskure a kusurwa da faɗin fili. Saboda haka da'irar nan mai yanka-yanka, in yankan ya wuce uku ko huɗu, ki bar ta. Wanda kwamfuta ke yi mai tudu da inuwa kuwa, ado ne kawai, yana karkatar da ido.

Yanzu bari in gaya miki abin da har yau yake ci mini rai. A 2014 kwalara ta yi mana mummunan kamu, kusan mutum 29,000 a ƙasar, sama da 240 suka rasu, yawancin masu cutar a nan Accra. Ina aiki da wata ƙungiya a lokacin, aka ce in haɗa taswirar unguwanni cikin gaggawa. Na karɓi lambobi daga rajistar wuraren jinya, na zuba kowace lamba a unguwar da wurin jinyar yake, na shafa ja mai duhu a inda lamba ta fi yawa. Wata unguwar Zango ta fito jawur. A wurin taro wani mutum ya nuna ta da biro ya ce ai dama an san mutanen wurin da ƙazanta. Wani ya ɗauki hoton taswirar a waya, ta yaɗu. Bayan mako biyu wata baiwar Allah mai sayar da wake da shinkafa a bakin titin unguwar, wadda na daɗe ina saye a wurinta, ta ce mini ma'aikatan ofis sun daina tsayawa, tukunyar da ke ƙarewa kafin hantsi yanzu tana kaiwa azahar. Ba ta san ni na zana ba. Na koma rajistar na bi ta layi-layi, sai na tarar da yawa daga cikin majinyatan daga wasu unguwanni aka kawo su, don nan ne wurin jinya mafi kusa. Ban kuma raba lambar da yawan mazauna ba, alhali unguwa mai cunkoso dole lambarta ta fi girma ko da cutar ba ta fi tsanani a cikinta ba. Na gyara, na aika wa duk wanda na san ya karɓi ta farko. Gyaran bai yi tafiyar da ta farkon ta yi ba. Na je na faɗa wa matar nan gaskiya, na nemi gafararta, ta yafe, amma cinikin makonnin nan bai dawo ba.

Saboda haka, ɗiyata, kafin ki zana komai ki tsayar da tambaya ɗaya tak. A ce: a wane lungu gudawa ta fi kama yara 'yan ƙasa da shekara biyar, kuma daga ina gidajen ke samun ruwan sha? Ku yarda a kan abin da kuke kira gudawa, ma'aikatan lafiya na nufin bayan gida mai ruwa sau uku ko fiye a yini. Ku tambayi mako biyun da suka wuce kawai, domin bayan haka uwa ma tana mantawa. Sannan ku ƙirga dukkan yaran kowane gida, masu lafiya da marasa lafiya, kamar yadda Snow ya nemi waɗanda ba su mutu ba. Yara 12 a lungu mai yara 100 bai kai yara 9 a lungu mai yara 30 muni ba, ko da yake 12 ta fi 9. In lungu na da yara biyar kacal, biyu suka kamu, kada ki rubuta kashi 40 cikin ɗari ki tayar da hankali, ki rubuta 2 cikin 5, ko ki haɗa shi da na maƙwabta. Kada kuma ki kwatanta lungun da aka ƙirga a tsakiyar damina da wanda aka ƙirga da rani.

Ki shirya wa tsofaffin da za su ɗaure fuska in sun gan ki da takarda. Suna da dalili. A Nuwambar 1969 gwamnatin Firaminista Kofi Busia ta ba baƙi marasa takardar zama mako biyu su bar ƙasar, gidaje da yawa a Zango suka watse, har da na waɗanda aka haifa a nan. Wanda ya ga wannan da idonsa ba ya ɗaukar ƙirga da wasa. Ki fara da mai unguwa da liman, ki faɗa wa kowane gida abin da za a yi da amsarsu da wanda zai gani, wanda ya ƙi kuma a ƙyale shi. Snow ya sa alama a kan gidaje, ke kada ki yi. A lungunmu kowa ya san ƙofar kowa, ɗigo ɗaya a taswira suna ne. Dokar kare bayanan mutane ta 2012, Doka ta 843, ta sa bayanin lafiya cikin waɗanda ake tsananta tsarewa, kuma tun kafin doka addini ya hana mu tona asirin maƙwabci. Sunaye su tsaya a littafinki, zane ya nuna lungu ko hanyar ruwa kawai.

Zanen kansa ki yi shi da sanduna a kwance, duka daga sifili, a jere daga mafi tsayi zuwa mafi gajarta, sunan lungu a hagu, lamba a bakin kowace sanda, kamar "9 cikin 30". Launi ɗaya ya isa, ki ƙara duhu ga wadda kike so a duba. Kada ki dogara da ja da kore, akwai masu matsalar ido da ba sa bambance su, yawanci maza, kuma takardar za ta bi ta injin kwafi ta fito baƙi da fari. Kan zanen ya zama jimla mai faɗin abin da kuka gano, da Hausa da Turanci. A ƙasa ki rubuta ranakun ƙirga, da sunan ƙungiya, da yawan gidajen da kuka shiga, da yawan waɗanda ba ku samu kowa ba ko suka ƙi amsawa. Wannan layin na ƙasa ne zai tsaya miki ranar da wani jami'i ya ce daga ina kuka samo wannan.

Zai iya yiwuwa ku fita da yaƙinin cewa babbar kwata ce ke jawo cutar, ƙirga ta nuna gidajen da ke nesa da kwata, masu sayen ruwa a wuri ɗaya, su suka fi kamuwa. Ko ta nuna babu wani bambanci a zo a gani. In haka ta faru za a samu masu ce miki ki ɗan gyara, ai don amfanin unguwa ne. Kada ki yarda. In aka kama ku da lamba ɗaya ta ƙarya, ba za a sake sauraron ƙungiyarku ba, ko ranar da kuka zo da gaskiya. Zanen kuma ba zai ce ruwan ne ya jawo ba, zai ce ga inda ya kamata a ɗebi ruwa a gwada, kuma wannan buƙata ce da hukuma za ta iya biya.

In kin gama na farko da fensir, kada ki fara kawo mini. Ki kai wa Hajiya bayan ta sauke tukunyar koko, ki miƙa mata ba tare da kin yi bayani ba, ki tambaye ta me ta gani. In abin da ta faɗa ya yi daidai da abin da ke littafinki, ki kawo mini ranar Asabar bayan la'asar, ki zo da littafin ƙirgar, mu bi lambobin ɗaya bayan ɗaya kafin ki sa tawada.